Walter Kaufmann da Tambayar Yaudarar Kai

A cikin malaman da suka ƙarar da rayuwarsu suna rubutu a kan tarihin tunanin Turai na ƙarni biyun da suka shuɗe, babu wanda nake yawan komawa ga littattafansa kamar Walter Kaufmann, malamin falsafa na Jami'ar Princeton da ke Amurka. Akwai abubuwa da dama da ban yarda da shi a kansu ba, musamman a sha'anin addini, inda ya ɗauki hanyar da ba tawa ba. Abin da yake riƙe ni shi ne tambaya guda da ya kama tun daga littafinsa na farko a 1950 har zuwa na ƙarshe a 1980, yana auna kowane babban mai tunani da ita: shin wannan mutum ya taimaka wa ɗan Adam ya gane yadda yake yaudarar kansa, ko kuwa sabuwar maɓoya ya gina masa da manyan kalmomi? Da wannan sikeli ya auna masu falsafar wanzuwar mutum, da shi ya auna Sigmund Freud, likitan birnin Vienna mai nazarin ɓoyayyen tunanin mutum, da almajiransa, kuma sakamakon da ya fitar ya saɓa wa abin da akasarin malaman zamaninsa suke koyarwa.

An haifi Kaufmann a garin Freiburg na ƙasar Jamus a 1921, aka kuma rene shi a kan addinin Kirista na ɗariƙar Luther. Yana da shekara 11 ya fara yi wa mahaifinsa tambayoyin da ba a ba shi amsar da ta gamsar da shi ba, bai daɗe ba ya bar coci ya koma addinin Yahudu, a daidai lokacin da Hitler yake hawa mulki, wato lokacin da duk mai neman tsira da ransa yake nesanta kansa da Yahudanci. Sai daga baya ya san cewa kakanninsa huɗu duk Yahudawa ne. Ya yi karatu a Berlin a wajen babban malamin Yahudawa Leo Baeck, ya tsere zuwa Amurka a 1939, ya shiga aikin sojan Amurka a Yaƙin Duniya na Biyu, aka mayar da shi Jamus a matsayin mai yi wa fursunoni tambayoyi. A 1947 ya kammala digirin digirgir a Harvard, a shekarar kuma ya fara koyarwa a Princeton, inda ya zauna har rasuwarsa a watan Satumba na 1980 yana da shekara 59. Wannan tarihi yana da muhimmanci ga fahimtar rubutunsa, domin mutumin da ya ga ƙasar da ta fi kowace alfahari da jami'o'inta ta miƙa wuya ga ƙarya, kuma ya ga manyan farfesoshi suna yi wa ƙaryar ado, ba zai ƙara ɗaukar zurfin magana a matsayin shaidar gaskiya ba.

Aikin da ya fara fito da sunansa shi ne wanke Friedrich Nietzsche, masanin falsafa Bajamushe, a littafinsa na 1950. A Amurka da Ingila na bayan yaƙi, an ɗauki Nietzsche tamkar malamin 'yan Nazi, kuma akwai dalilin da ya sa aka ɗauke shi haka. Bayan da ya samu taɓin hankali a birnin Turin a watan Janairu na 1889, takardunsa sun faɗa hannun ƙanwarsa Elisabeth, wadda ta auri Bernhard Förster, fitaccen maƙiyin Yahudawa, har suka tafi Paraguay tare don kafa wani matsuguni na Jamusawa zalla. Da ta dawo gida sai ta kafa cibiyar adana takardun yayanta, ta tsinto guntattakin rubuce-rubucen da bai wallafa ba, ita da wani abokinsa suka jera su yadda suka ga dama, aka buga su a 1901 sannan aka faɗaɗa a 1906 a matsayin babban littafinsa a kan ƙudurin neman iko. Ta kuma yi wa wasu wasiƙunsa kwaskwarima domin su nuna kusancin da babu shi a tsakaninsu. Da ta mutu a 1935, Hitler da kansa ya halarci jana'izarta.

Kaufmann ya bi littattafan da Nietzsche ya wallafa da hannunsa ɗaya bayan ɗaya, ya nuna cewa mutumin ya yi ta zagin kishin ƙasa irin na Jamusawa, kuma a littafinsa na 1886 Nietzsche ya rubuta cewa zai yi kyau a kori masu ihun ƙin Yahudawa daga ƙasar. Ya kuma kafa hujja cewa ikon da Nietzsche yake ɗaukakawa, a matakinsa mafi girma, iko ne a kan kai, wato mutum ya mallaki sha'awarsa da fushinsa ya karkatar da su zuwa ƙirƙira, ba ya danne wasu da takalmin soja ba. Ita ma maganar nan tasa da ta yi ƙaurin suna game da Ubangiji, inda ya ce wai Ubangiji ya mutu, Kaufmann ya karanta ta a matsayin bayanin halin da Turai ta shiga bayan imani ya mutu a zukatan mutanenta alhali suna ci gaba da riƙe ɗabi'un da aka gina a kan imanin, ba tare da sun lura cewa tushen ya zame ba. Ya biyo da fassarori zuwa Turanci tun daga 1954, waɗanda har yau ake karantawa. A nawa ganin ya yi gaskiya a kan ƙanwar da 'yan Nazi, amma ya sassauta wa Nietzsche fiye da kima, domin raina talakawa da mata da ke cikin littattafan ba ƙanwa ce ta cusa shi ba, na mai littafin ne, kuma lauya mai kare wanda ake tuhuma yakan wuce irin waɗannan shafuka da sauri.

Abin da ya fi ba ni sha'awa a wannan littafi na 1950 shi ne yadda ya saka kalmar masanin halayyar ɗan Adam a cikin sunan littafin, domin a nan ne zaren da ya haɗa Nietzsche da Freud yake. Akwai wata gajeriyar magana a littafin Nietzsche na 1886 wadda ma'anarta ita ce: tunawata ta ce na aikata wannan abu, girman kaina ya ce ba zai yiwu a ce na aikata shi ba, ya kafe a kan haka, daga ƙarshe tunawa ta sallama. Duk wanda ya taɓa zama a wajen sulhu tsakanin 'yan'uwa biyu da suka yi shekaru ba sa ga-maciji ya san cewa wannan ba hikimar littafi ba ce kawai, domin kowannensu yana ba da labarin abin da ya faru da zuciya ɗaya, yana iya rantsuwa a kai, kuma babu wanda yake ƙarya da gangan a cikinsu. Freud ya ji wannan magana daga bakin wani majinyacinsa, ya kuma saka ta a littafinsa da ya yi bayanin mantuwa da tuntuɓen harshe, domin ita ce ainihin abin da yake kira dannewa: zuciya ta tura abin da ba za ta iya ɗauka ba zuwa wani ɓoyayyen sashe, inda yake ci gaba da aiki yana fitowa ta mafarki ko ta ciwon da likita ba ya ganin asalinsa a jiki. A 1908 ƙungiyar Freud ta birnin Vienna ta zauna musamman don tattauna rubutun Nietzsche, kuma a tarihin rayuwarsa da ya rubuta a 1925 Freud ya ce ya daɗe yana kauce wa karanta shi saboda hasashensa yana yawan dacewa da abin da shi ya gano da wahala a ɗakin duba marasa lafiya.

A 1956 Kaufmann ya fitar da tarin rubuce-rubucen masu falsafar wanzuwa, daga Dostoevsky na Rasha zuwa Sartre na Faransa, wanda ya zama ƙofar da ɗalibai masu yawa a ƙasashen da ake magana da Turanci suka bi suka shiga wannan fage. Tun a farkon gabatarwar ya ce abin da ake kira falsafar wanzuwa ba mazhaba ɗaya ba ce, suna ne da aka liƙa wa tawaye iri-iri a kan falsafar gargajiya, kuma da yawa daga waɗanda aka liƙa wa sunan sun ƙi karɓarsa. Wannan gaskiya ne. Søren Kierkegaard na ƙasar Denmark Kirista ne mai tsananin riƙo, wanda a 1843 ya rubuta littafi sukutum a kan halin da Annabi Ibrahim ya shiga lokacin da aka umarce shi da yanka ɗansa, yana tambayar yadda mutum yake tsayawa shi kaɗai a gaban umarnin da ba zai iya yi wa kowa bayaninsa ba. Jean-Paul Sartre kuwa bai yi imani da komai na gaibu ba. Abin da ya haɗa su shi ne ƙin yarda cewa wani babban tsari na tunani, irin wanda masanin falsafar Jamus Hegel ya gina, zai iya ɗauke wa mutum nauyin zaɓinsa da tsoron mutuwarsa. Kaufmann ya buɗe tarin da sashen farko na gajeren labarin Dostoevsky na 1864, inda wani tsohon ma'aikacin gwamnati mai ɗacin rai yake zaune a ɗakinsa a birnin Petersburg yana musun cewa mutum zai bi maslaharsa idan aka nuna masa ita, yana cewa wani lokaci zai zaɓi abin da zai cutar da shi don kawai ya tabbatar cewa shi ba maɓallin kayan kiɗa ba ne da ake dannawa. Babu Simone de Beauvoir, masaniyar falsafa kuma abokiyar zaman Sartre, a cikin tarin, ko da aka faɗaɗa shi a 1975, kuma wannan giɓi ne babba ga littafin da ya ba Sartre fili mai yawa.

Sartre ne ya kawo tambayar yaudarar kai fili ƙarara, kuma a nan ne ya yi karo da Freud. A laccar da ya gabatar a Paris a watan Oktoba na 1945, wadda take cikin tarin, ya ba da labarin wani ɗalibinsa da ya zo neman shawara lokacin da Jamus ta mamaye Faransa: yayansa ya mutu a yaƙi, mahaifiyarsa ba ta da kowa sai shi, shi kuma yana son ya tsallaka Ingila ya shiga rundunar 'yantar da ƙasarsa. Sartre ya ce masa yana da 'yanci, ya zaɓa. Ya ƙara da wata lura mai kaifi, cewa mai neman shawara ya riga ya san irin amsar da zai samu tun lokacin da ya zaɓi wanda zai je wajensa, saboda haka ko a nan ma shi ne mai yanke hukunci, yana dai neman wanda zai ɗora wa. A babban littafinsa na 1943 ya juya wannan makami a kan Freud. Ya ce idan akwai wani mai gadi a cikin zuciya da yake hana mugun tunani fitowa, to dole mai gadin ya san abin da yake hanawa, kuma dole ya ɓoye wa kansa cewa ya sani, ke nan matsalar ba ta warware ba, an matsar da ita ne zuwa wani ɗaki. Hujja ce mai ƙarfi, kuma na daɗe ina ganin ba a ba ta cikakkiyar amsa ba. Sai dai a ganina Sartre ya ɗora wa mutum sanin kai fiye da wanda yake da shi, domin wanda aka yi wa rauni tun yana yaro bai zaɓi yadda raunin zai riƙa motsa shi yana babba ba, kuma ce masa yana da cikakken 'yanci ba ya rage masa komai daga wahalar. Abin mamaki shi ne Sartre da kansa ya karɓi aikin rubuta labarin fim a kan rayuwar Freud a ƙarshen shekarun 1950, kodayake ya janye sunansa kafin fim ɗin ya fito a 1962.

Wanda Kaufmann bai raga wa ba ko kaɗan shi ne Martin Heidegger, wanda mutane da yawa suke ɗauka a matsayin mafi girman masu falsafar ƙarni na 20 saboda littafinsa na 1927 a kan samuwa da lokaci. Kaufmann ya san rubutunsa ciki da waje, har ya fassara ɗaya daga cikin maƙalunsa ya saka a tarin 1956, amma hukuncinsa shi ne duhun harshen Heidegger yana ɓoye ƙarancin hujja, kuma rabon da ya yi wa rayuwa gida biyu, ta hakika da ta bin ayari, wa'azin Kirista ne aka cire masa sunan Ubangiji aka sa masa rigar ilimi. Tarihi ya ƙara wa wannan suka nauyi. A watan Afrilu na 1933 Heidegger ya zama shugaban Jami'ar Freiburg, garin da aka haifi Kaufmann, a ranar 1 ga Mayu ya shiga jam'iyyar Nazi, kwana tara bayan haka ɗalibai suka cinna wa littattafai wuta a Berlin, ciki har da na Freud. Mutumin da ya rubuta shafuka masu yawa a kan haɗarin narkewa cikin abin da jama'a suke faɗa, shi ne ya shiga ayarin da ya fi kowanne muni a zamaninsa, kuma a 1953 ya sake buga wata tsohuwar laccarsa ba tare da ya goge jimlar da ta yabi gaskiya da girman yunƙurin 'yan Nazi ba. Freud kuwa ya bar Vienna a watan Yuni na 1938 yana tsoho mai fama da ciwon daji a muƙamuƙi, ya rasu a Landan a 1939, 'yan'uwansa mata huɗu da suka rage a baya suka halaka a hannun 'yan Nazi. Ba sai an yi dogon bincike ba kafin a gane inda zuciyar Kaufmann ta karkata.

Wannan karkata ta fito sarai a aikinsa na ƙarshe, littafi mai juzu'i uku a kan yadda masu rubutu da Jamusanci suka binciki zuciyar ɗan Adam. Juzu'i na farko ya haɗa Goethe da Kant da Hegel, na biyu Nietzsche da Heidegger da Martin Buber, na uku ya sa Freud a gefe guda, almajiransa Alfred Adler da Carl Jung a ɗaya gefen. Ra'ayinsa shi ne akwai silsila biyu. Ɗaya ta taso daga Goethe, babban mawaƙi kuma marubucin Jamus, wanda yake kallon mutum ta hanyar girmansa da ayyukansa kuma yake rubutu a sarari, ta bi ta Nietzsche ta iso ga Freud, wanda aka ba lambar yabo ta Goethe a 1930. Ɗayar ta taso daga Kant, mai neman tabbaci irin na lissafi da harshe mai nauyi, ta ƙare a Heidegger. Zane ne mai kyawun kallo, amma ya zalunci Kant, wanda tambayarsa a kan iyakar abin da hankali zai iya sani ita ma wani nau'i ne na yaƙi da yaudarar kai, wataƙila ma mafi tsanani. A kan Jung yana da hujja a hannu, domin Jung ya karɓi shugabancin ƙungiyar likitocin lafiyar ƙwaƙwalwa a 1933 kuma a 1934 ya wallafa magana a kan bambancin tunanin Yahudawa da na Jamusawa a lokacin da irin wannan magana take da mummunan amfani. Amma yadda ya mayar da rabuwar Adler da Freud a 1911 da ta Jung a 1913 kusan duka zuwa ga raunin halin almajiran biyu ya yi kama da labarin rigimar gado da aka ji daga bakin ɓangare ɗaya.

Akwai kuma abin da mai karatu daga wannan yanki namu yake gani wanda wataƙila ba ya damun mai karatu a Princeton. Ra'ayin Freud cewa kowane yaro yana kishi da mahaifinsa a kan mahaifiyarsa ya fito ne daga gidajen masu hali na Vienna, inda uba ɗaya da uwa ɗaya suke zaune da 'ya'yansu a bayan ƙofa guda. A gidan da uwa take yi wa ɗan fari alkunya har ba ta kiran sunansa, inda ake ba da yaro riƙo ga goggo ko kaka tun daga yaye, inda kishi mafi zafi yake tsakanin ɗakuna da 'yan uba, taswirar zuciya ba za ta zama iri ɗaya ba. Bronisław Malinowski, mai nazarin al'adun al'ummomi, ya tayar da irin wannan tambaya tun a 1927 bisa abin da ya gani a tsibiran Trobriand, inda kawu ne mai iko a kan yaro ba uba ba. Dannewa da yaudarar kai suna nan a ko'ina, amma abin da ake dannewa al'ada ce take zaɓa.

Gwajin da ya fi tsanani ga hukuncin Kaufmann ya zo ne daga ɗakunan ajiyar takardu bayan rasuwarsa. A 1985 aka buga cikakkun wasiƙun da Freud ya rubuta wa amininsa Wilhelm Fliess, likitan hanci a Berlin, ba tare da yanke-yanken da aka yi wa bugun farko ba. A cikinsu akwai labarin Emma Eckstein, majinyaciyar Freud, wadda Fliess ya yi wa tiyata a hanci a watan Fabrairu na 1895 bisa wata aƙida tasa cewa hanci yana da alaƙa da ciwon da take fama da shi. Fliess ya koma Berlin ya bar kusan rabin mita na bandeji a cikin raunin, raunin ya ruɓe, da wani likita ya zaro bandejin sai jini ya ɓalle har ta kusa mutuwa, Freud yana tsaye a ɗakin. Wasiƙun farko sun nuna cewa ya san abin da ya faru da kuma mai laifi. Bayan kimanin shekara guda sai ga shi yana rubuta wa Fliess cewa zubar jinin ta samo asali ne daga begen da ke zuciyar matar, ba daga wuƙar likita ba. Max Schur, likitan Freud, ya riga ya bayyana wani sashe na wannan labari a 1966, amma sai da wasiƙun suka fito a jere aka ga matakan da zuciyar mutumin ta bi, daga sani zuwa uzuri zuwa sabon labari, domin ya tsira da amincin abokin da yake jingina da shi a lokacin. Littattafan sirri na Heidegger, waɗanda aka fara bugawa a 2014, sun fito da ƙin Yahudawa a cikin ainihin tunaninsa na falsafa, suka tabbatar da fiye da abin da Kaufmann ya zarge shi da shi. Wasiƙun Freud ba su rushe abin da ya gano game da dannewa ba, hasali ma sun zama ɗaya daga cikin misalansa mafiya bayyana, amma sun rage wa hoton gwarzon gaskiya da Kaufmann ya zana a juzu'insa na uku haske sosai, kuma ina ganin da ya rayu shekara biyar a gaba, da sikelin da ya auna wasu da shi ya tilasta masa sake rubuta wannan juzu'i.